Takwarorin Nuriyya

"Kin fasa komawa Karaye? Bayan shekara biyu muna zaryar kotu?"

Nuriyya ta sunkuyar da kai gaban mahaifinta, Malam Jibo. Ungozoma ce a asibitin gwamnati. Tun da ta ƙi sa hannu kan rigakafin da ba a yi ba, wani shugabanta ya ɗauke ta daga Unguwar Hajji da ke Karaye ya jefa ta Rogo Ruma, can ƙasar Rogo. Malam Jibo ya tsaya ta kai ƙara a mayar da ita. Zaman kotu goma sha ɗaya bai taɓa fashi ba, ko a lokacin cirar gyaɗa.

"Baba, lauya ya ce..."

"Na ji! In kika rubuta kina son zaman Rogo, alƙali ba shi da abin yankewa. Shari'a ta mutu. Wa zai faɗa wa duniya 'yata ce mai gaskiya?"

Bahauddeen ya faɗo mata a rai, malamin gonar da ta haɗu da shi a can. Jiya ma ya ce, "Sanyin idona, ko shekara goma ce zan jira. Amma gidana a Rogo yake, marasa lafiyarki ma haka."

"Sau biyu iyayen Bahauddeen na zuwa a sa rana, Baba."

"Su zo sau uku!"

Ta ɗago kai.

"Haihuwa ɗari da sha huɗu na karɓa a Rogo Ruma. Jarirai bakwai an sa musu Nuriyya."

Malam Jibo ya kalle ta.

"Bakwai?"

"Bakwai. Ta ƙarshen jikar limamin garin ce."

Ya daɗe yana shafa gemu. Can ya ce, "Ɗauki biro... Ki rubuta da kyau, kada su ce ba ki iya ba."

Ranar Talata alƙali ya kori ƙarar cikin minti biyar, tunda babu sauran abin jayayya. A bakin kotu shugaban nan ya matso yana murmushi.

"To Malam, ga shi dai Rogon za ta zauna!"

Malam Jibo ya gyara babbar rigarsa, ya dube shi sama da ƙasa.

"Kai da takarda ɗaya ka tura ta. Ni da mota goma zan aika ta ranar Asabar ta sama, takwarorinta su tarbe ta. Ka zo ɗaurin aure, akwai goro."

Nuriyya ta rufe fuska da mayafi, kafaɗunta na girgiza. Bahauddeen da ke tsaye a gefe ya kasa gane kuka take ko dariya.