Juma'ar da Haisam Ya Danna Ja

A garin Dutse akwai wani yaro mai suna Haisam, ɗan aji shida na firamare. In ka tambaye shi, zai ce maka duk Jigawa babu wanda ya kai shi iya wasan harbi na waya. In ka ƙara zama kaɗan, zai haɗa da Kano.

Abbansa ma'aikaci ne a sakatariya. Dokarsa ɗaya ce: waya sai ranar Juma'a, daga bayan la'asar zuwa kiran magariba. Sauran kwana shidan, Haisam yana yin su ne kamar mai jiran mota a tasha.

Ga yadda wasan yake. Jirgi zai kwaso 'yan wasa hamsin, ya zube su a wani tsibiri, kowa ya sauka da lema. Wanda ya rage a tsaye a ƙarshe, shi ya ci. Amma kafin jirgi ya tashi, sai ka zaɓi ƙofar da za ka shiga. Ƙofofin uku ne. Yara suna ce musu Kowa ta Kansa, da Bibbiyu, da Hurhuɗu. A Kowa ta Kansa, in ka faɗi, shi ke nan. A sauran biyun, in an harbe ka, abokinka zai iya zuwa ya ɗaga ka kafin ƙarfinka ya ƙare.

Haisam kullum Bibbiyu yake shiga, shi da taubashinsa Yahuza, ɗan Goggo Safiyatu. Su Yahuza suna zaune a wata ruga can cikin ƙasar Buji. Sabis ɗin rugar nan abin tausayi ne. An ce in ka aika gaisuwar safe, sai ta tsaya ta huta a hanya, ta iso ana kwasar tuwo. Wuri ɗaya tak sabis yake sauka: reshe na uku na wata darbejiya da ke kan tudu. Can Yahuza yake hawa duk Juma'a da wayar yayansa, mai tsagaggen gilashi, wadda aka ɗaure da roba.

Da sun haɗu sai tsokana.

"Ɗan birni, an ci shinkafa an ƙoshi?" in ji Yahuza.

"Ɗan ruga, ka dai wanke ƙafa kafin ka shigo mana jirgi?" in ji Haisam.

Wasan Yahuza daban yake da na kowa. Yara suna rige-rigen manyan bindigogi, shi kuwa akwatin magani yake tarawa. Ba ya shiga gaba, kullum yana bayan Haisam. Abokan gaba kuraye yake kiransu. "Kuraye biyu a hagunka," zai ce, murya ƙasa-ƙasa, kamar zai tsorata ɗan maraƙi.

Sai dai fa in iska ta kaɗa reshe, sabis ya gudu. Nan take sojan Yahuza zai sandare a tsakiyar fili, ƙafa ɗaya a sama. Wani lokaci a harbe shi a haka, wasa ya lalace.

Wata Litinin a makaranta, wani ɗan ajinsu mai suna Izzuddeen ya tare Haisam lokacin tara.

"Mun ga wasanka," ya ce. "Ka iya. Amma wane ne wannan gunkin da kake yawo da shi?"

Yara suka yi dariya. Kunnuwan Haisam suka yi zafi.

"Mu uku ne a Hurhuɗu, muna neman na huɗu," in ji Izzuddeen. "Sabis ɗinmu ko a banɗaki ba ya ɗaukewa."

"Yahuza fa?"

"Ka taɓa ganin Hurhuɗu da mutum biyar?"

Ranar Juma'a Haisam ya karɓi waya. Yana buɗe wasan, gayyatar Yahuza ta faɗo, ga maɓalli biyu a ƙasanta. Kore na karɓa, ja na ƙi. Haisam ya duba hagu, ya duba dama, kamar akwai mai ganinsa. Ya danna ja. Ya shiga Hurhuɗu.

Gayyata ta sake zuwa. Ya sake danna ja. Sai saƙon murya ya shigo. Bai buɗe ba.

Ran nan sun ci wasa ɗaya. Haisam ya yi ta tsalle har Ummansa ta leƙo ta tambaya ko kunama ce.

Juma'a ta biyu, Yahuza ya sake aiko gayyata da saƙon murya. Yatsan Haisam ya riga ya san hanyar ja. Amma a wasan ranar aka harbe shi tun da wuri. Ya faɗi yana jan ciki.

"Izzuddeen, zo ka ɗaga ni."

"Ina zuwa."

Izzuddeen ya zo, ya tsaya a kansa. Bai ɗaga shi ba. Ya jira har ƙarfin Haisam ya ƙare, sannan ya kwashe bindigarsa da hularsa, ya yi gaba.

"Kada ka ji haushi," ya ce. "Dama bindigar ta fi dacewa da ni."

Juma'a ta uku, gayyata ɗaya kawai Yahuza ya aiko, da saƙon murya ɗaya. Haisam ya danna ja. Ran nan sau huɗu yana faɗuwa, ba wanda ya ko waiwaye shi. Kafin magariba Izzuddeen ya ce, "Ashe ba ka iya ba. Mun sami wani." Suka cire shi.

Haisam ya ce a ransa, ai dama su ne suke ja da shi baya. Juma'a ta huɗu ya shiga Kowa ta Kansa. Ya sauka, ya ruga gaba yadda ya saba. Aka harbe shi ta baya. Ya sake shiga, aka sake harbinsa ta baya. A karo na uku ko lemarsa bai gama naɗewa ba. Ba wanda ya ce masa ga kura a hagu. Ba wanda ya zo da magani.

Sai ya koma ƙofar Bibbiyu, ya nemi sunan Yahuza. Ɗigon da ke gefen sunan, wanda kullum yake kore, ya zama ruwan toka. Ya aika gayyata, ba amsa. Ya kira lambar, aka ce a kashe take.

Sai a lokacin ya tuna da saƙonnin murya. Uku ne. Ya buɗe na farko.

"Ɗan birni, ga ni a kan reshe. Ko sabis ɗina ne yake korar gayyatar? Bari in ƙara hawa sama."

Ya buɗe na biyu.

"Na ga ɗigonka kore ne. Wataƙila ƙanwarka ce ke taɓa wayar. Na jira har rana ta yi ja. Cinnaku sun gaishe ka."

Ya buɗe na uku. A cikinsa ana jin kukan shanu daga nesa.

"Haisam, jibi za mu tashi da shanu, za mu yi kudu. Sai damina in Allah ya kai mu. Na yi sallama da kowa, saura kai. Na so mu yi wasa ɗaya. In wani laifi na yi maka, ka yafe mini. Ni dai na yafe maka duniya da lahira."

Saƙon ya ƙare. Haisam ya sake saurara. Ya kuma saurara. A karo na uku bai ji ƙarshensa ba, don kuka ya ci ƙarfinsa.

Abbansa ya shigo ya same shi a haka.

"Lafiya? Sojanka ne ya rasu?"

Haisam ya miƙa masa wayar. Abba ya saurari saƙonnin duka uku a tsaye, sannan ya zauna a bakin gado. Bai yi faɗa ba. Da ma faɗan ya yi, da ya fi sauƙi.

"Ka san me ya sa ya nemi yafiya?" ya tambaya.

"A'a, Abba."

"Haka mutanenmu suke yi. Mai tafiya mashekari, wato inda shanu za su ci rani, ba ya tashi sai ya bi 'yan uwa ɗaya bayan ɗaya an yafi juna. Hanya ce mai nisa, ba wanda ya san abin da ke cikinta. Shi ya sauke nasa nauyin. Naka yana nan a wuyanka."

"Abba, mu kira shi."

"Inda suke ko rediyo da ƙyar take magana. Faɗa mini, yaya yake wasan nan naku?"

Haisam ya share hanci. "Kullum yana bayana. Magani kawai yake ɗauka. Na ɗauka tsoro yake ji."

Abba ya yi ɗan murmushi mara daɗi.

"Ina kamarka na yi kiwo. In garke yana tafiya, akwai na gaba, akwai na baya. Na gaba shi kowa ke gani. Na baya shi ke lura da saniyar da ta gaji, shi ke ɗaukar maraƙin da ya faɗi. Ba a ba matsoraci wannan aikin. Kiwonka Yahuza yake yi, kai kana can gaba kana ƙirga kanka cikin gwanaye."

Haisam ya sunkuyar da kai.

"Kuma daga rugarsu zuwa tudun nan tafiyar kusan awa ɗaya ce," in ji Abba. "Juma'a uku ya yi ta."

Ranin bana ya yi wa Haisam tsawo. Shi dai ya rantse wata goma sha biyar aka yi, kodayake kalanda ta ce shida. Duk Juma'a zai karɓi waya, ya buɗe ƙofar Bibbiyu, ya dubi ɗigon. Ruwan toka. Ya aika saƙon murya: "Yahuza, ka yafe mini." Saƙon ya tsaya a hanya, bai isa ba. Sai ya mayar wa Abba wayarsa tun rana tana sama.

A makaranta ma an ga canji. Malama Ruwaida ta tsayar da shi wata rana bayan an tashi.

"Haisam, ina surutun ya tafi? Ajin nan ya yi mini shiru da yawa."

Ya ba ta labari duka, bai rage ba.

"To," ta ce, "kuka ba ya kai saƙo. Yanzu ka san yadda jira yake. In ya dawo, kada ka tsaya aika murya. Ka kai ƙafarka."

Aka yi ruwan farko. Aka yi na biyu. Ciyawa ta fito. Wata ranar Alhamis Abba ya dawo daga aiki ya ce, "Goggonka ta aiko. Shanu sun iso."

Washegari bayan an sauko daga masallaci suka shiga mota. Daga bakin titi suka hau babur. Da suka isa ruga, Goggo Safiyatu ta tarbe su da ƙwaryar fura da nono.

"Sannu da gida, Goggo," in ji Haisam, yana durƙushe. "Ina Yahuza?"

"Yau ba Juma'a ba ce? Ka san inda yake."

Haisam ya kama hanyar tudu a ƙafa. Ya yi tafiya har ya fara zargin ana matsar da tudun ne. Ƙaya ta soke shi sau biyu. Da ya isa gindin darbejiya, ya ɗaga kai. Ga Yahuza a reshe na uku. Ya rame, ya yi baƙi, wayar nan ta ƙaru da roba ta biyu.

"Yahuza," in ji Haisam. "Ba sabis ba ne. Ba ƙanwata ba ce. Ni ne na danna ja, da hannuna. Ka yafe mini."

Yahuza ya leƙo shi daga kan reshe.

"Na sani tun Juma'a ta uku," ya ce. "Ƙanwarka ba ta iya faɗuwa sau huɗu a yini ɗaya ba."

"Ka yafe?"

"Tun kafin mu tashi. Ga saƙonninka ma yanzu suke shigowa, ashirin da wani abu, duk magana ɗaya. Hau, ɗan birni, in za ka iya."

Haisam ya kama bishiya. Ya zame, ya sake kamawa. A reshe na biyu ƙafarsa ta goce, Yahuza ya miƙo hannu ya jawo shi. Yana zama cinnaku suka zo suka yi masa barka da zuwa.

Ya ciro wayar Abba. Gayyata ta faɗo. Ya danna kore da ƙarfi har wayar ta kusa suɓucewa.

Suka sauka a tsibiri. Ba a jima ba iska ta kaɗa, sojan Yahuza ya sandare a tsakiyar fili, ƙafa ɗaya a sama. Haisam bai yi gaba ba. Ya dawo ya tsaya a gabansa yana tare masa kuraye. Sai iska ta ƙara kaɗawa, shi ma nasa sojan ya sandare. Aka zo aka same su a tsaye kamar turaku biyu, aka kwantar da su tare.

Cikin mutum hamsin, suna cikin waɗanda aka fara cirewa. Suka yi ta dariya har tsuntsayen darbejiya suka canza bishiya.

Tun daga ranar Haisam bai ƙara danna wa Yahuza ja ba. Ya gane cewa abokin da yake tsayawa ya ɗaga ka in ka faɗi ya fi cin wasa daraja. Don haka, yara, kada ku yar da wanda yake tare da ku don an yi muku dariya. In kuma ɗan uwa ya kira ku, ku amsa masa tun yana kusa.