Ranar Da Na Fitar Da Surukata Daga Layi

"Uwata kika kora waje, Samira? A gaban mutane?"

Mustapha ne a zauren gidanmu na Abakpa, ko zama ya ƙi yi. Saura sati uku a ɗaura mana aure, amma kallon da yake mini kamar yau ya fara ganina.

"Ba korar ta na yi ba, masoyina, rumfa kawai na..."

"Rumfar masu tari! Har da ɗaura mata takunkumi!"

Ba ƙarya ya yi ba. A asibitin da nake aiki a Unguwar Dosa, ni ce mai tsaron layi. Duk wanda na ji yana tari sai in ba shi takunkumi, in kai shi rumfar waje inda iska ke kaɗawa, a karɓi kakinsa a gwada.

Da safiyar ranar mahaifiyarsa, Hajiya Uwani, ta zo awon hawan jini. Ni da tun da aka sa mana rana ban yarda mun haɗa ido ba, in na hango ta a kasuwa ma kwana nake sha. Sai ga ta a benci tana tari cikin mayafi, an rufe tagogi saboda ruwan sama, a gefenta kuma wata mai jego rungume da jariri.

Sau uku ina ɗaga ƙafa ina fasawa. Daga ƙarshe na durƙusa.

"Hajiya... tun yaushe kike tarin nan?"

"Wata biyu," ta ce, tana kallon bango.

"Don Allah ki taso mu je waje."

Ji na yi kamar ƙasa ta tsage in shige. Ta tashi, ta ba da kakin, ta tafi ko waiwaye babu.

"Umma ta ce ba za ta zauna da marar kunya ba," in ji Mustapha. "Gobe ki je ki ba ta haƙuri, ki ce kuskure kika yi."

"Haƙuri zan bayar ko sau ɗari ne. Amma ba kuskure ba ne."

"Samira!"

"Jariri ne a gefenta, Mustapha! Wallahi ina son ka, amma ko gobe ta dawo da tarin nan, sai na sake tayar da ita."

Ya juya ya fita. Kwana uku ba kira ba saƙo. Na yi kuka har na gode Allah, ɗinkin bikina ma ban iya zuwa karɓa ba.

A rana ta huɗu Sista Mariya, shugabarmu, ta aika in zo. Na tarar da Hajiya zaune kusa da taga a buɗe, Mustapha tsaye a bayanta ido jawur.

"Hajiya ce ta ce a kira ki," in ji Sista. "Tarin fuka ne. Yana warkewa, amma sai an sha magani wata shida ba fashi, kuma duk mutanen gidan za mu gwada. Yanzu sunan wanda zai riƙa tsayawa kullum ya ga ta haɗiye nake nema."

"Ni ne," Mustapha ya yi saurin cewa.

Hajiya ta harare shi.

"Kai? Wata biyu kana jin ina tari, zuma da citta kawai kake sayo mini. In na ce ba na sha, sunkuyar da kai za ka yi." Ta nuna ni da haɓa. "Rubuta waccan. Ita ce ba ta tsorona."

Hawaye suka zubo mini. Sista ta ɗaga biro.

"Akwai wurin dangantaka a katin maganin, Hajiya. Mece ce ita a wurinki?"

Hajiya ta ɗago, karon farko ta dube ni ido cikin ido.

"Matar ɗana ce."