Tsakuwa Biyu a Ƙofar Gazara

Ku gyara zama. Mai jin fitsari ya je tun yanzu, don in aka fara ba mai tashi, kuma ba wanda za a raka bayan ɗaki.

Akwai wata ƙofa a daji wadda ba ta da gari. Ƙofar Gazara ake ce mata. Tana nan tsaye ita kaɗai, gini mai kauri da zaure a cikinsa, gonakin gero sun kewaye ta. Ganuwar da ke riƙe da ita ruwan sama ya cinye tun tuni, sai ɗan tudun da ko akuya ba ta ɗaga ƙafa sosai in za ta haye shi. Ta ko'ina mutum zai iya shiga kufan nan. Amma mai hankali ba ya shiga ta ko'ina.

Da can birni ne, kuma suna da wata al'ada da ba a san ta a wani gari ba. A zauren ƙofa akwai babban kasko. Duk mai rai da ke cikin gari yana da tsakuwa ɗaya a ciki. In za ka fita ka ɗauki ɗaya, in ka dawo ka jefa. Da almuru sarkin ƙofa ya ƙirga, ya san ko dare ya yi wa wani a waje, sannan ya rufe.

Shekarar da ciwon barci ya yi ɓarna, Turawa suka ce ƙudan tsando ne, a tashi garin a mayar da shi bakin hanya. Motocinsu sun fi ƙofar faɗi. Sai suka fasa ganuwa ta gabas, ta nan aka kwashe kowa da kayansa cikin kwana uku. Ba wanda ya bi ta ƙofa. Ba wanda ya ɗauki tsakuwarsa. Sarkin ƙofa ya ce shi dai a wurinsa ba wanda ya fita, kuma ba zai bar gari cike da mutane ba mai tsaro. Aka yi aka yi, ya ƙi. Aka bar shi.

Shekaru suka tafi. Ba mai zuwa wurin sai mata masu ginin tukwane, don yumɓun tsohon kududdufin Gazara babu irinsa, tulunsa ba ya tsagewa. Su ne suka riƙe al'adar. Su yi sallama, su jefa tsakuwa a kasko, su haƙi yumɓu, su ɗauki tsakuwa su fito. Kullum wayam suke tarar da kaskon, wayam suke barinsa.

Cikinsu akwai Tabawa. Shekararta goma sha shida tana bin hanyar nan, ba ta taɓa kuskure ba. Mace ce mai hannu, marar yawan magana. 'Ya'ya uku ta haifa, duka ukun ta binne kafin yaye, har mata suna kiranta mai wabi a bayan idonta. A wannan damina tana da ciki wata bakwai, ɗan kuwa mai motsi ne, ko ruwan sanyi ta sha sai ya shure ta.

Tare suke zuwa da Iya Dudu, tsohuwar da ta koya mata sana'a. Ran nan ƙafar Iya ta kumbura, ta ce a bari sai jibi. Tabawa ta ce yumɓunta ya ƙare, hannunta kuma ba ya iya zama. Ta ɗauki gammo da kwando da 'yar fartanya, ta tafi ita kaɗai.

An yi ruwa da asuba, ƙasa duk ta jiƙe. Da ta isa ƙofar ta yi sallama, ta sunkuya za ta tsinci tsakuwa, sai ɗan ya shure ta da ƙarfi. Dariya ta kama ta. Ta ce masa ai ta ji, shi ma yana so a ƙirga da shi. Ta tsinci biyu, ta jefa a kasko.

To nan ne ta yi wauta. Wanda bai sha iskar duniya ba, ba a sa shi cikin lissafin mutane. Shi ya sa mace mai kunya ba ta faɗin watan cikinta a bainar jama'a. Murna ce ta ja ta, murna kuwa ba ta da ido.

Ta haƙi yumɓu har rana ta take tsaka. Ta cika kwando, ta ɗora a ka da ƙyar. Mai kaya a ka ba ta sunkuyar da wuya. Da ta zo zaure sai ta rusuna da gwiwa, idonta na gaba, hannunta ya lalubi kasko ya ɗauki abin da ya saba ɗauka shekara goma sha shida. Ɗaya.

Ta shiga hanyar gonaki. Gero ya fi ta tsawo dama da hagu. Ba iska. Ko kurciya ba ta kuka.

Can sai ga wani tsoho tsaye a tsakiyar hanya, da rigar saƙi irin wadda aka daina sa wa, da ƙaton mabuɗin ƙarfe rataye a wuya. Ta rage murya ta ce, "Sannu da rana, Baba."

"Biyu suka shiga," in ji shi.

Maganar ta riga ta shiga kunnenta, sannan bakinsa ya motsa.

"Ɗaya ta fita. Da almuru nake rufewa."

Ya matsa gefe. Ta wuce. Bayan taku kaɗan ta saci kallon ƙasa ta gefen ido. Ga sawunta nan ya nutse cikin laka. Inda ya tsaya kuwa sumul, kamar an shafe da hannu.

Ta ce wa ranta mahaukaci ne. Har ta isa gida tana faɗa wa ranta haka. Ta sauke kaya, ta ɗebi ruwan randa mai sanyi ta sha. Ta jira. Shiru. Ta ƙara sha, ta kwanta ta gefen hagu, ta dafa cikin. Yana nan da girmansa, amma kamar ƙwaryar da aka juye abin da ke ciki.

Ta tsallaka gidan Iya Dudu. Tsohuwar ta ɗora tafin hannu a cikin, ta daɗe ba ta ɗauke ba. Sannan ta tambaye ta nawa ta jefa, nawa ta ɗauka. Da ta ji amsa, ba ta yi salati ba, ba ta yi kuka ba.

"Sakarya," ta ce. "Kin kai ɗanki gari kin baro shi. Tashi. Kuka ba ya buɗe ƙofa."

Ta gargaɗe ta kada ta ɗaga ido, kada ta amsa in an kira ta, kada ƙafarta ta wuce zaure. Mijin Tabawa yana gona mai nisa, ƙafar Iya ba ta takuwa, kuma la'asar ta yi. Haka Tabawa ta koma ƙofar ita kaɗai, hannu biyu tallafe da ciki.

Tun kafin ta hangi ƙofar ta ji ƙamshin hayaƙin girki. Sai ta ji daka, turmi da yawa, daga wurin da ba ko bukka. Zakara ya yi cara. Wata mata tana kiran awaki.

Ta yi sallama. Daka ya tsaya cak.

Tsohon yana zaune a zaure, kaskon na gabansa. Kaskon da ta sani wayam, yanzu cike yake har baki, tsakuwa a kan tsakuwa. A ƙofar ciki kuwa mutane ne tsaye. Ba ta ɗaga ido ba, ƙafafu kawai ta gani. Manya da ƙanana, wasu da mundaye, wasu da kaushi. Sun yi sahu har inda idonta ya kai. Ba mai tari. Ba mai gyara tsayuwa.

Ta durƙusa. "Baba, wacce ce tawa?"

"Kowa da tasa."

"Nuna mini, don girman Allah."

"Ni ƙirga nake yi, 'yata. Ba na zaɓe."

Ta buɗe tafi za ta dumbuza, ya ce ɗaya aka baro, ɗaya za a ɗauka.

Sai ta gane abin da sahun nan ke jira. Duk tsakuwar da ta fita, mai ita ne zai bi ta. Ta kai hannu dama, ta ji wasu sun ja numfashi. Ta kai hagu, wasu suka ja. Haske ya fara ja a bango. A bayanta wani abu ya yi ƙara a hankali, ƙarar ƙyaure mai nauyi, a ƙofar da ba ta da ƙyaure tun kafin a haife ta.

Tabawa ba ta tsaya hawaye ba. Ta ce a ranta, tata daga jiƙaƙƙiyar ƙasa ta fito yau da safe, sauran kuwa sun yi shekara da shekaru a inuwa. Yatsun mai ginin tukwane sun san danshi ko a duhu. Ta rufe ido, ta bi saman kaskon ɗaya bayan ɗaya. Busasshiya. Busasshiya. Can ta ji mai sanyi. Ta ci gaba don ta tabbata, sai ta ji wata. Ta sake jin wata. Uku.

Ƙyauren ya sake ƙara, kusa ƙwarai.

Ta yi bisimilla, ta ɗauki ɗaya cikin ukun.

Daga cikin sahun wani ya saki doguwar ajiyar zuciya. Ta murna ce ko ta baƙin ciki, ba ta iya rabewa ba. Ta ja da baya ta fice, ta ji iskar abu mai nauyi ta wuce dugaduganta, ya rufu. Ba ta waiwaya ba. A taku na goma aka shure ta daga ciki, shurin da ya sa ta durƙushe a laka.

Bayan wata biyu ta haifi namiji. Aka yi masa laƙabi da Ajuji don kada ya koma, bai kuwa koma ba. Ya yi yaye, ya yi ƙiba, ko zazzaɓi bai cika yi ba. Sai dai kullum in rana ta faɗi yakan bar wasa, ya juya fuska wajen Gazara, ya tsaya shiru har duhu ya shiga. Yana shekara huɗu, wata rana yana cin ɗumame, ya tambayi uwarsa me ya sa aka cike rijiyar da ke gindin durumi, bayan marina.

Garinsu ba marina, ba durumi. Iya Dudu tana wurin. Ta ajiye ludayinta. Da yaron ya fita Iya ta ce uwarta ta sha ba ta labarin rijiyar nan, a tsohon gari take, kuma ita ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Ta matso, ta rage murya, ta tambayi Tabawa ko tana ganin daidai ta ɗauko.

Tabawa tana murza bakin tulu. Hannunta bai tsaya ba.

"Ni na haife shi, ni na goya shi," ta ce. "Kada in ƙara jin wannan tambaya, Iya."

Ba a ƙara yi mata ba. Ta riƙe shi riƙon ɗa, ta yi masa aure, ya binne ta. Amma daga ranar ba ta sake taɓa yumɓun Gazara ba. Sau ɗaya a kowace damina sai ta bar aiki, ta tafi ta tsaya daga nesa da ƙofar, ta kasa kunne ko za ta ji kukan jariri daga ciki. Abin da ta ji, ba ta faɗa ba har ta koma ga Allah.

Don haka duk wanda hanya ta kai shi wajen ƙofar nan, kada ya je shi kaɗai. A tafi biyu, ɗaya ya duba hannun ɗaya. Ku tashi ku kwanta, na ƙarshe ya ja ƙyaure.