Matar da Ta Tsaya a Bakin Rafi

Can a zamanin da mutane ba su san gona ba, an yi wata mata mai son yawo. Ita da danginta kullum suna tafe, suna farauta, suna tsintar 'ya'yan itace. Ba sa kwana uku a wuri ɗaya.

Da faɗuwar damina suka iso bakin wani rafi. Sai mahaifiyarta ta zauna, ta ce, "'Yar nan, ƙafafuna sun ƙi. Ku tafi kawai."

Matar ta ce, "Ba inda za ni, Inna."

Dangi suka wuce. Bayan 'yan kwanaki ta ga ƙwayoyin geron daji da suka zube daga jakarta sun tsiro. Sai ta tona ƙasa ta binne sauran, alhali yunwa na cin ta.

Kullum da safe sai ta dubi hanya, ta dubi tsiron. Bareyi suka wuce, ta dubi hanya. Ran nan har ta ɗaure kayanta ta kai gindin dutse, sai ta jiyo tarin Inna, ta komo da gudu. Ta cire ciyawa, ta kori tsuntsaye, ta haƙo saiwa suka ci.

Da kaka dangi suka dawo a rame, don namun daji sun yi nisa. Ta dama musu kunu, kowa ya sha ya ƙoshi.

Yayanta, babban maharbinsu, ya ce, "Wane daji kika je kika samo wannan?"

Ta kai shi bayan bukka. Ya daɗe yana kallon zangarniyoyin da suka rage. Can sai ya jingine bakansa, ya ce, "Ƙanwata, nuna mini yadda ake binnewa."