Kugen da Ke Tura Lokaci

A wani zamani can, wani maƙeri ya narka tagulla da dalma da wani dutse da ya faɗo daga sama, ya ƙera kuge. Duk wanda ya buga shi sau ɗaya, sa'a guda za ta wuce masa kamar ƙiftawar ido.

Maƙwabcinsa marar haƙuri ya zo aro ranar da matarsa ta ɗora farfesun zakara.

Maƙerin ya ce, "Bugu ɗaya ya isa, maƙwabci."

Mutumin ya zauna gaban murhu ya buga. Ya leƙa tukunya, nama bai yi laushi ba. Ya fusata, ya buga, ya buga, ya ƙara bugawa. Yana duba, sai ga tukunya a wanke, a kife.

Matarsa ta ce, "Maigida, mun yi ta kiranka kana zaune kamar turmi. Yara sun cinye, har romon."

Ya ruga maƙera ya ce, "Ƙera mini mai dawo da lokaci."

Maƙerin ya ce, "Aikin shekara bakwai ne. Za ka iya jira?"

Mutumin ya ɗaga kugen zai buga. Maƙerin ya yi wuf ya ƙwace abinsa.