Wanda Za a Rataye

Sufeto bai ko kai ga zama ba aka bugo waya: an tsinci gawar mai sayar da kayan gyaran mota a shagonsa. Kafin ya dawo ofis, sai ga telan da ke maƙwabtaka da shagon ya kawo kansa, wai shi ya yi kisan.

Sufeto kuwa ba ya yarda da aikin da ya zo a ɓagas.

"A ina ka soke shi?"

"A ciki, Yallaɓai."

"Da me?"

"Da almakashi."

Alhali mamacin da ƙarfe aka rotsa masa kai. Amma manya sun ji an samu mai laifi, so suke a kai shi kotu kowa ya huta. In ko aka kai shi da wannan bakin nasa, igiya ce ƙarshensa.

Abin ya hana Sufeto sukuni. Ya zauna, ya tashi, ya zagaye tebur, can ya figi hularsa ya nufi ɗakin tela.

Ɗakin kaca-kaca, ƙyallaye ko'ina. Kusurwa ɗaya ce kawai tsaf: bargo a ninke daidai wa daida, kofi da cokali a kansa. Wuri ɗaya ake koya wa mutum irin wannan ninkin, wato gidan yari.

Maƙwabta suka yi ta kame-kame kafin su faɗa. Tela yana da wa, ana ce masa Kurege, wanda ya yi shekaru yana fashi a hanya. An yanke masa hukuncin rataya, ya haura katanga ya tsere, tun lokacin ake farautarsa.

Da aka je wa mahaifiyarsu, ta rantse rabonta da Kurege tun a kotu. Sufeto ya ji tausayinta, amma bai sassauta ba.

"Mama, ɗaya za a rataye. Ko wanda ya yi, ko wanda bai yi ba."

Ta daɗe tana kallon ƙasa, sannan ta ɗauki kwanon abinci ta fita. A hankali take tafiya, ba waiwaye, kuma ta san sarai su Sufeto na biye. Ta tsaya a ƙofar wani gidan buga bulo.

Leburori ne birjik, siminti ya rufe fuskar kowa. Sufeto ya raɗa wa Sajen da ke tare da shi magana. Saje ya busa usur, ya daka tsawa irin ta gandirobobi in za su ƙirga fursunoni: "Ƙidaya!"

Kowa ya waiwayo yana mamaki. Mutum ɗaya ne ya yar da shebur ya tsugunna, hannuwa a ka, kafin ma ya san ya yi.

Kurege bai yi gardama ba. Ya ce mai shagon ne ya gane shi, ya ɗauki waya zai kira 'yan sanda, shi kuma ya rarumi ƙarfe. Da Sufeto ya gaya masa ƙanensa na tsare, ya ɗauki laifin a kansa, sai ya miƙo hannuwansa. Ashe bai sani ba.

Ana sa masa ankwa ya tambaya, "Wa ya nuna muku nan?"

"Ba kowa," in ji Sufeto.

Kurege ya hango mahaifiyarsa a bakin ƙofa. Da aka zo wucewa da shi, ya rage tafiya, ya rusuna mata.

"Kin yi daidai, Mama. Je ki ɗauko yaronki."