Giram Goma Sha Huɗu

Ƙarfe biyu da rabi na ranar Lahadi aka bugo waya ofishin 'yan sanda daga filin tanis. Ba gawa aka tsinta ba. Raket shida aka sace, in ji mai kiran, kuma shugaban gasa yana son Sufeto da kansa.

Sufeto ya ture abincin da ko rabi bai ci ba, ya ce wa Saje ya tada mota. Shekara ashirin yana aiki, ya san idan manya suka ce suna son ka da kanka, sun riga sun zaɓi wanda za ka kama.

Sun tarar 'yan kallo sun watse. Filin simintin mai shuɗin fenti yana ta huci da zafin rana, allon maki kuma har yanzu yana nuna sakamakon wasan ƙarshe: 6-2, 6-1. Wani baƙo da ake kira Dogo ne ya ɗauki kofin. Wanda aka lallasa shi ne Bahago, ɗan gari, wanda ya yi mako guda yana cin kowa ba tare da an ci shi zagaye ko ɗaya ba.

Shugaban gasa ya tarbe su a ofishinsa. Raket shida na jere a kan tebur, kusa da ƙaramin sikeli.

"To ga su nan ai," in ji Sufeto. "Me aka sace?"

"Waɗannan ba na Bahago ba ne. Fenti ɗaya, kamfani ɗaya, amma nasa akwai dalma da aka ɗura a ciki don su dace da hannunsa. Bayan wasa ya sa an auna. Kowanne ya gaza da giram goma sha huɗu."

"Giram goma sha huɗu ne ya kayar da namiji?"

"A wannan wasan ko giram biyu yana fitar da ƙwallo waje, Yallaɓai. An musanya su ne a ɗakin ɗaurin tsirkiya, kuma mutum ɗaya ke riƙe da makulli. Na riga na faɗa wa 'yan jarida. Kai dai ka tafi da shi kafin yamma."

"Ka faɗa musu sunansa?"

"Dole in kare sunan gasa."

Sufeto ya dube shi sama da ƙasa. Ya ɗauki raket ɗaya ya fice.

Ɗakin ɗauri yana ƙarƙashin benen 'yan kallo, ba taga, sai warin roba. A nan Baba Tsirkiya yake zaune gefen injinsa, hannuwansa a kan gwiwa. Shekara talatin da ɗaya yana ɗaure wa 'yan wasa tsirkiyar raket, ba a taɓa cewa ya ɗauki ko tawul ba. Yau cikin sa'a guda an mai da shi ɓarawo.

"Baba, yaushe ka ɗaure wa Bahago nasa?"

"Jiya da azahar. Na gama na sa kowanne a leda, na jera su a wancan kanta. Da safe yayansa ya zo ya ɗauka."

"Ka fita ka bar ɗakin?"

"Ban taka ko'ina ba."

Sufeto ya miƙa masa raket ɗin. Tsohon bai kai shi kusa da ido ba. Da ɗan yatsa ya bi gefensa yana shafawa, sai fuskarsa ta ɗaure.

"Wannan ba aikina ba ne. Ni ƙulli huɗu nake yi. Wannan biyu ne, tsirkiya ɗaya aka ja tun daga farko har ƙarshe. Ɗaurin mai tattali ne, wanda ya koya lokacin da babu."

"Me ya sa ba ka faɗa wa shugaba ba?"

"Ya tambaye ni ne?"

Sufeto ya lura da wata 'yar kwalba a bayan injin. Ya ɗauko ta. Maganin ɗigawa a ido ne, kwanan wata na jiya Asabar a jiki.

"Wannan da kansa ya tako daga asibiti?"

Tsohon ya sunkuyar da kai. "Ƙarfe huɗu na tafi, na dawo shida. Idona ne ke mutuwa, ɗana. In suka ji, sun sallame ni. Hannuna bai manta komai ba, amma wa zai yarda?"

"Makullin fa?"

"A saman ƙofa na bar shi. Duk wanda ya daɗe a filin nan ya san wurin."

Yayan Bahago suka samu a ɗakin canza kaya yana naɗe tawul-tawul. Shi ne kocinsa, shi ne direbansa, shi ke ɗaukar masa jaka tun ba a san da su ba. Kowa a filin Yaya yake ce masa, har waɗanda suka girme shi.

"Wa ke taɓa raket ɗin ƙanenka?"

"Baba yana ɗaure tsirkiya, ni ina naɗa mariƙi. Ranar Juma'a na naɗa na ba shi. Da safen nan na karɓo su a leda, ko buɗewa ban yi ba."

"Ka taɓa ganin waɗannan na kan teburin shugaba kafin yau?"

"Ban taɓa ba."

"Ka iya ɗaurin tsirkiya?"

"Da can. Na manta."

"Kana ganin Baba ne?"

Yaya ya ci gaba da naɗe tawul ɗin da ya riga ya naɗe. "Ni ban ce ba. Amma makulli a hannunsa yake."

A waje Saje ya matso kusa. "Yallaɓai, mutanen Dogo fa? Su suka ci riba."

"Ranar Litinin suka sauka garin nan. Ina suka san saman ƙofa? Da ɗan gari akan ci gari, Saje."

A rumfar manyan baƙi akwai mace ɗaya da ba ta tafi ba, tana ta danna waya. Wakiliyar wani kamfani ce mai ɗaukar nauyin 'yan wasa, kuma an ce duk makon tana bin Bahago.

"Kallo kawai na zo," ta ce.

"Da takarda mai shafi ashirin a jaka ake zuwa kallo?"

Ta yi tsaki, ta rufe jakar. "To, yarjejeniya ce. Da ya ci yau, makinsa ya isa ya shiga manyan gasanni, mu kuma mu ɗauke shi. Bai ci ba, magana ta mutu."

"Da sharaɗi?"

"Sabon koci. Ba za mu kai shi gaba da ɗan'uwansa ba. Mutumin kirki ne, amma iliminsa na cikin unguwa ne."

"Bahago ya yarda?"

"Tun watan jiya."

"Yayan ya sani?"

"Ranar Alhamis na yi masa godiya kan hidimar da ya yi. Na zaci ƙanensa ya riga ya faɗa masa."

"Me ya ce?"

"Ya ce ba komai. Har ya riƙe mini ƙofa."

Ta koma kan wayarta. Ta rusa gidan mutane da kalmar godiya, kuma ko a jikinta.

Bahago yana kwance a ɗakin tausa, tawul a fuska. Shekararsa talatin da biyu, kuma kowa ya san irin wannan damar ba ta ƙwanƙwasa ƙofa sau biyu.

"Sau shida ka canza raket a wasan, an ce mini," in ji Sufeto. "Ba ka gane ba naka ba ne?"

"Na ji ba daidai ba. Duk abin da na buga sai ya tashi. Na ɗauka tsoro ne ya kama ni. Mariƙin ne ya yaudare ni, ya zauna a hannuna daram."

"Daram kamar yaya? Nuna mini hannun."

Ya yi jinkiri, sannan ya miƙo hagunsa. Yatsan tsakiya a karkace yake, tsohuwar karaya da ta haɗe ba daidai ba.

Sufeto ya zaro 'yar wuƙa ya yanke tef ɗin mariƙin, ya fara warware naɗin a hankali. A ƙarƙashi, daidai inda yatsan zai kwanta, akwai wani ɗan yankin robar tayar keke, an fere gefensa sumul, an manna.

"Mene ne wannan?"

"Don yatsan ne. In babu shi, kafin rabin sa'a fatar ta tsage."

"Wa ya san da shi?"

"Ba ma faɗa. In abokan karawa suka ji, nan za su riƙa nema."

"Na ce wa ya sani?"

Bahago ya zuba wa robar ido. Sufeto yana kallo fuskarsa ta canza. Ya gane, babu shakka ya gane.

"Baba Tsirkiya ya sani," ya ce a hankali.

"Ka tabbata?"

"Na tabbata."

Ran Sufeto ya ɓaci ƙwarai. Ya ga maƙaryata iri-iri, amma wannan ƙaryar ta fi ci masa rai, domin mai yin ta ya san sarai a kan wa za ta faɗa.

Ya sa Saje ya tara su duka a ɗakin ɗauri: shugaba, Yaya, Bahago da tsohon. Ya ɗauko raket da ba a naɗa wa mariƙi ba daga kanta ya ba Baba Tsirkiya tare da sabon naɗi.

"Baba, naɗa mini mariƙi yadda Bahago yake so."

"Ni ba na taɓa masa mariƙi, amma na bahago ai juyawa ake yi." Cikin minti ɗaya ya gama, tsaf, ba roba, ba komai.

"Ba ka manta wani abu ba?"

"Kamar me?"

Sufeto ya juya. Ya warware sauran raket biyar ɗin da Saje ya kwaso daga teburin shugaba ɗaya bayan ɗaya, yana jera robobin a kan injin. Shida cif, girmansu ɗaya, yankan hannu ɗaya.

"Yaya, ka ce ba ka taɓa ganin waɗannan ba. To wa ya sa musu wannan?"

Sufeto ya ɗaga roba ɗaya, ya ci gaba.

"Baƙon ɓarawo zai musanya raket ya wuce. Bai san da yatsa ba, in ma ya sani bai damu ba. Sai wanda ya shekara ashirin yana yanka robar nan. Saje, karɓi makullin motarsa."

"Bar shi," in ji Yaya. "Na ainihin suna but, a cikin bargo. Kada a bar su a rana, tsirkiyar za ta saki."

Bahago ya miƙe. "Yaya, yi shiru!"

"Shirun me? Kai ne gwanin shiru. Wata guda kana cin abinci da ni da wannan maganar a cikinka." Ya juyo ga Sufeto. "Ni ne. Ranar Juma'a na sayo su, na ɗaure a ƙaramin injina. Jiya na ga Baba ya fita, na ɗauki makulli."

"Me ya sa ka saka robar? Don kada ya gane?"

Yaya ya yi wata dariya marar daɗi. "Wallahi ban ma yi wannan tunanin ba. Na gama naɗa na farko babu ita, sai na tuna yadda fatar ke tsagewa. Na warware. So nake ya faɗi, ba so nake ya yi jini ba."

"Sabo turken wawa," in ji Saje ƙasa-ƙasa.

"Na fi shi iya wasan nan, Yallaɓai, tambayi kowa. Raket ɗaya mahaifinmu ya iya saya, na ce a ba ƙaramin. Na kwana a mota don ya kwana a gado. Yanzu an ci moriyar ganga. Kuma ko a bakinsa ban ji ba, a bakin wata mata na ji."

"Da zan faɗa maka bayan wasan," in ji Bahago.

"Da kofi a hannu, ko? Don in yi tafi tukuna."

"Duk na ji," in ji Sufeto. "Shi wannan tsohon me ya yi muku? Kai ka ce makulli a hannunsa yake, ƙanenka ya ce ya san sirrin yatsa. Ku biyu kun ci amanar juna, sannan kuka haɗa kai kuka ɗora masa."

Babu wanda ya iya duban Baba Tsirkiya.

Saje ya ɗaura wa Yaya ankwa. A bakin ƙofa Yaya ya tsaya, bai waiwayo ba. "Ka sa yatsan a ƙanƙara," ya ce wa ƙanensa, aka wuce da shi.

Shugaban gasa ya gyara murya. "To, alhamdulillahi, gaskiya ta fito. Sakamako dai ba ya canzawa, Dogo ya riga ya kama hanyar filin jirgi. Baba, sai ka yi haƙuri, ka san yanayin aiki. Baɗi ma muna tare."

"'Yan jaridar fa?" in ji Sufeto. "Kira su ka wanke shi."

"Ai sun tafi. Za a duba gobe."

Baba Tsirkiya ya tashi. Ya lulluɓe injinsa da ƙyalle, ya sa kwalbar maganin a aljihu a gaban kowa.

"Jikata ta bugo mini ɗazu," ya ce. "A rediyo ta ji. Ta tambaye ni ko gaskiya ne."

Ya laluba ya ajiye makullin a tafin hannun shugaba.

"Shekara talatin da ɗaya, ko tambaya ɗaya ba ka yi mini ba. Riƙe kayanka."

Sufeto ya ce zai rage masa hanya. Tsohon ya ce a'a, motar 'yan sanda ce, unguwa za ta gani. Ya fita a ƙafa ta gefen filin, yana bin katanga da hannu, ya wuce ƙarƙashin allon da har yanzu ba wanda ya tuna ya kashe.